Ƙanena Ya Dage Sai Ya Bi Masu Wasa Ƙauye-Ƙauye: Wace Irin Rayuwa Suke Yi?

Tambaya

Assalamu alaikum. Ni daga ƙasar Gwadabawa nake. Bayan Sallar da ta wuce wasu masu wasa suka sauka garinmu, akwai 'yan dambe, da mai kura, da masu lilon yara, suka yi kwana biyar suka tashi. Tun ranar ƙanena mai shekara 18 ya kasa zaune ya kasa tsaye, ya ce shi sai ya bi su. Mahaifinmu ya rasu, ni ce babba, mahaifiyarmu kuma ban da kuka ba abin da take yi. Don Allah wanda ya san mutanen nan ya gaya mini: ina suke kwana, me suke ci, ana samun wani abu a harkar, kuma yaro yakan dawo da hankalinsa?

Amsa

Wa alaikumus salam, Malama. Allah ya jiƙan mahaifinku, ya ba ki ikon riƙe wannan amana.

Ni ɗan gidan fawa ne. Tun ina ƙarami a zauren mahaifina 'yan dambe ke sauka idan sun zo garinmu, ni ke kai musu fura. Da na girma na yi rani tara ina bin wata tawaga. Ni ke zama bakin ƙofa ina karɓar kuɗin shiga, ni ke rubuta abin da ya shigo da abin da ya fita, daga baya kuma ni ake turawa gaba in nemo fili da masauki kafin jama'a su iso. Na ajiye tafiyar, amma har gobe ina hulɗa da mutanen, kuma abin da zan gaya miki ganau ne ke magana.

Waɗanda kika gani a garinku ba tafiyarsu ɗaya ba. Kuɗin Sallah ne ya tara su wuri guda, da sun fita bayan gari kowa zai kama hanyarsa. Mai lilo Sallah yake bi, ita kuwa Sallah kowace shekara tana matsowa da kimanin kwana 11, shi ya sa wata shekarar takan faɗo masa a kaka aljihun mutane cike, wata shekarar ta faɗo tsakiyar damina, hanya ta caɓe, rumbu ya yi ƙasa. Ɗan dambe rumbu yake bi. Sai an yanke gero an kai dawa gida, wajen Oktoba zuwa Nuwamba, sannan kalangu ke tashi a ƙauyuka, don a lokacin ne manomi ke da abin kyauta, a lokacin ne kuma ake yawan ɗaurin aure. Daga nan a ratsa hunturu har zuwa lokacin da masu fadama ke cire albasa da tafarnuwa wajen Wurno, Goronyo, Kware da Gada, inda kuɗi ke sake motsi alhali ƙauyukan tudu sun fara bushewa. Gardi kuwa, wato mai wasa da kura ko maciji ko biri, kasuwa yake bi. Ya san Laraba ta Achida ce, Lahadi ta Illela ce, kuma daga Illela taku kaɗan ne a faɗa Ƙonni a ci kasuwannin Nijar, inda sai yaro ya koyi lissafin dala da jaka kafin ya san abin da aka ba shi.

Azumi na tsayar da kowa. Bazara kuma, lokacin da zafin Sakkwato ke haura digiri 40, tana rage 'yan kallo. Da hadarin farko ya haɗu wajen ƙarshen Mayu ko Yuni sai tawaga ta watse, kowa ya nufi gonarsa. Ki riƙe wannan da kyau, don a nan amsar tambayarki take: asalin wannan tafiya cin rani ce, irin wadda samarin ƙasarmu suka saba yi tun kaka da kakanni. Wani ya tafi kudu ga-ruwa, wani ya tafi yankan farce, wani ya bi kalangu. Mutanen kirki da na sani a harkar duk manoma ne masu iyali. Waɗanda na ga sun lalace, kusan dukkansu daga ranar da ruwan shuka ya sauka ba su koma gida ba lalacewar ta fara.

Kin tambayi inda suke kwana. Ba a faɗa wa gari haka kawai. Kwana biyu ko uku kafin tawaga ta iso nakan riga su da goro a aljihu. In fara da mai masauki, shi zai kai ni gaisuwa wurin hakimi ko uban ƙasa, sannan a sanar da 'yan sanda da 'yan banga. Kowace sana'a da ƙofarta: ɗan dambe wurin sarkin fawa yake sauka, don dambe wasan mahauta ne tun asali, makaɗi wurin sarkin makaɗa, ɗan tauri wurin mafarauta. A nan ake yanke sharuɗɗa. A fara bayan La'asar, a tashi kafin kiran Magariba, ba caca a gefen fili, ba zagi a bakin maroƙi. Nan ƙasar Shehu ce, akwai garuruwan da malamai za su ce ba su yarda ba, kuma idan sun ce haka sai a naɗe tabarma a yi gaba, ba jayayya.

Makwanci kuwa zaure ne, ko shagon da ba kowa, ko rumfar kasuwa idan gari ya yi ƙaranci. Mutum goma sha biyar a zaure guda ba abin mamaki ba ne. Manya su samu tabarma a ciki, yara su kwanta bakin ƙofa inda iska ke shigowa. Ina tuna daren Janairu a wani ƙauye gabas da Kware, sanyi ya sauko har haƙora na haɗuwa, yaranmu uku suka shige cikin buhunan da muke kewaye fili da su, ƙafa a ciki kai a waje, suka jeru kusa da tokar mai shayi. Da asuba tsohon makaɗinmu ya tashe su da ƙafa, ya ce a fasa ruwan randa a yi alwala. Bayan salla ya ɗauki kalangunsa ya kara kusa da wuta don fata ta ɗame, yana gasa hannunsa tare da ita.

Abinci ranar farko sai wanda ya ƙoshi ya ture. Akussa na fitowa daga gidaje, tuwon gero, tuwon dawa, fura da nono, sarkin fawa ya aiko da kai da ƙafa. Rana ta biyu ya ragu. Rana ta huɗu an koma garin kwaki da ƙuli-ƙuli, ko a sayi hoce a kora da ruwa. Baƙo raɓa ne, kuma uban tafiya mai hankali yakan tashi da jama'arsa tun kafin mai gida ya fara ƙirga kwanaki. Wannan tsohon makaɗi ya taɓa kama wani yaronmu yana tsaye da wata yarinya a bayan gidan mai masaukinmu. Bai doke shi ba, ya zaunar da shi gaban kowa ya ce: “Yaro, mu ba mu da gida bisa hanya, amma duk garin da munka taɓa sauka muna da zaure. Zauren ga tun ubana a nan yake sauka. In ka ɓata shi, mi za ni ce ma ɗiyana?” Washegari aka sa yaron a mota aka mayar da shi garinsu. Tawagar da ke da irin wannan dattijo ita ce za ki iya ba ƙanenki. Wadda ba ta da zauren da ta gada, kullum sabon gari, kullum kwanan tasha, ki ji tsoronta.

Sai maganar kuɗi, wadda ita na fi sani. Ana kewaye fili da zana ko buhuna ko tamfal, a bar ƙofa guda, in zauna kan benci da jaka a wuya. Rabin yaran gari ta ɓula suke kallo, wasu a kan bishiya, kuma ba ka isa ka hana dogarin hakimi da abokansa shiga kyauta ba. Bayan Isha'i sai a shimfiɗa tabarma a ƙuryar zaure, a haska tocila, in zazzage jaka gaban uban tafiya da shaidu biyu. Takardun sun sha gumi da ƙura, sai an bi su ɗaya-ɗaya ana miƙarwa a kan cinya. Kafin kowa ya ga sisi za a cire kuɗin motar da ta kawo mu da wadda za ta kwashe mu, a cire na fili, na masu tsaro, na lasifika da man janareto, na abincin gobe, da ɗan abin da za a bar wa iyalin mai masauki. Abin da ya saura shi ake kasawa, manyan 'yan wasa da makaɗa su ɗauki kaso mai tsoka, a gangaro ƙasa. Yaro sabon shiga abin da ke isa hannunsa sau da yawa bai wuce na sabulu da shayi ba. Akwai daren da na zazzage jaka kuɗin mota ma bai fito ba, muka kwana uku a garin muna jiran kasuwa ta ci, wani babban ɗan wasanmu ya jinginar da rediyonsa.

Kuɗin gaske ba a ƙofa yake ba, a kyauta yake. Ɗan dambe ya yi kisa mai kyau, wato ya kayar da abokin karawarsa, makaɗi ya kama sunansa, maroƙi ya zuga wani alhaji mai albasa, sai ka ga an fito ana liƙi, wani ya ba da riga, wani ya ba da rago. Wannan na mai suna ne shi kaɗai, sai abin da ya ga dama ya miƙa wa yaransa. Shi ya sa Hausawa suka ce kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi. Ƙanenki idan ya bi su bana, matsayin kurar wannan karin magana zai samu. Shi zai haƙa ramukan dirka, ya ɗaura zana, ya ɗebo ruwa, ya wanke wa ubangidansa kaya, ya yayyafa wa fili ruwa don ƙura, ya kwana gadin kaya a bayan a-kori-kura. Abin da ya gani a garinku, mutum tsaye tsakiyar fili ana yi masa kirari, shekaru ne tsakaninsa da shi, kuma mafi yawa ba sa kaiwa.

Ya kamata ki san wanne daga cikin ukun ya ɗauke masa hankali, don ba nauyinsu ɗaya ba.

Idan dambe ne, to yana da tsari da ladabi fiye da yadda na waje ke zato. Yaro yakan shiga hannun wani babba, ya yi masa hidima, har ma sunansa ya koma na ubangidan: ka ji ana Shagon wane, Autan wane, Bahagon wane, Dogon wane. Akwai ɓangarori, Kudu da Arewa da Guramada da Jamus, kuma ba ka dambatawa da ɗan ɓangarenka. Ana naɗe hannu guda da ƙyalle a bi shi da zare, ɗayan a bar shi buɗe don kariya. Turmi uku ake yi, wanda hannunsa ko gwiwarsa ta taɓa ƙasa an kashe shi. Sabon yaro da farkon yamma ake sa shi, kafin fili ya cika, da sa'ansa. Ubangida na gari ba zai bari yaronsa ya sa zare da wanda ya fi ƙarfinsa ba, ko da 'yan kallo sun yi ta ihu, ko da an ɗora kuɗi. Mugun ubangida kuwa zai tura shi, don faɗuwar yaro ma tana kawo kuɗin ƙofa gobe. Suna kuma a bakin makaɗi yake. Duk Basakkwacen da ya manyanta ya san yadda waƙar marigayi Ɗan Anace ta kai sunan Shago inda ƙafarsa ba ta taka ba. Amma a bayan kowane mai suna guda akwai tarin waɗanda suka koma gida da haƙora a hannu. Na san tsofaffin 'yan dambe da yanzu magana ke yi musu nauyi, hannu na rawa, mantuwa ta yi yawa. Dukan kai ba ya tafiya a banza, yana taruwa ne, kuma babu layar da ke hana wannan. Wanda ya faɗi ya suma bai kamata ya koma fili a makon nan ba, amma na sha ganin an yayyafa wa mutum ruwa, jibi ya sake ɗaure hannu.

Kokawa ta fi sauƙi a jiki, kuma ƙasarmu ƙasarta ce. A Nijar gasar Takobi tun 1975 ake yin ta, an fara a Tawa, har yau kuma ɗan kokawa mutum ne mai daraja a can. A bikin Argungu ma, wanda ya samo asali tun 1934, lokacin da Kabi ke cikin lardin Sakkwato, ana kokawa da dambe. Idan yaron ƙarfi ne ke damunsa, ni da za a bi tawa, can zan karkata shi.

Idan kuwa kura ce ta burge shi, a nan zan yi miki magana ba kwana-kwana: kada ki yarda. Gardanci gado ne. Ɗan gida yana tasowa tare da dabbar, ya san warinta, ya san lokacin da kunnenta ya kwanta. Bare kuwa iyakarsa riƙon sarƙa da neman abincinta. Mutane na zaton kallon kura ake biya. A'a, kura tara jama'a take yi. Idan da'ira ta cika, an buga ganga, akayau na ƙara a ƙafar gardi, an ɗora wani yaro a bayanta wai don ya daina tsoro, sai a buɗe jaka a fara sayar da laya da garin magani. Cinikin ke nan. Ita kuwa dabbar kullum sai ta ci, an samu ko ba a samu ba. Na yi tafiyar wata guda tare da wasu gardawa, kowace safiya yaronsu ke zagaya mahauta da bokiti yana roƙon ƙashi da tumbi, kuma sai kura ta ci kafin shi ya karya. Da dare a cire mata takunkumin igiya don ta ci ta sha, wannan ne lokacin hatsari, kuma yaron ne a kusa. Ban taɓa ganin gardin da ba tabo a hannu ko cinya ba. Su da kansu sukan ce gogon biri ya fi kura saurin juyewa. Masu maciji kuma da yawa cire wa gamsheƙa haƙori suke yi, haƙorin kuwa yana sake fitowa, ranar da aka yi sakacin dubawa shi ke nan. Ina girmama mutanen nan, na ci abinci kwano ɗaya da su, amma ko su na gaya wa: saran maciji asibiti ake kai shi a yi allurar kashe dafi, a bar ɓata lokaci da tsaga da tofi. Ga kuma jami'an gandun daji a hanya, don riƙe naman dawa ba izini laifi ne a doka. Ita kanta dabbar tana ba ni tausayi, dabbar da dare ne lokacinta, a ja ta cikin rana tsaka a kasuwa baki ɗaure.

Lilo shi ne mafi kusa da sana'ar hannu. Ƙarfe ne da mai walda ya haɗa, a kwance shi a loda a mota, a je a ɗaure, yara su tura da hannu. Samunsa kwanakin Sallah ne, sauran shekara ƙarfen na jingine a bayan gida. Yaro zai iya fitowa daga nan da sanin walda da ɗaurin noti. Hatsarinsa a kan 'ya'yan mutane yake: noti guda ya ci, mai lilo ya yi ganda bai canza ba, a wayi gari ana neman wanda za a kama, kuma yaron da ke turawa shi ne a kusa da hannu.

Kin ce yaro yakan dawo da hankalinsa? Abin da ke ɗauke hankalin yara a hanya ƙwaya ce, ba kiɗa ba. Tramol da wiwi sun shiga harkar sosai. Wani zai ce wa yaro sha wannan ba za ka ji duka ba, sha wannan ba za ka ji sanyi ba, kafin rani ya fita ya kamu. A tawagarmu duk wanda aka kama da ita a ranar yake barin zaure, amma ba kowace tawaga ce haka ba, akwai inda babban ne ma ke rabawa. Salla kuma ta danganta da na gaba. Inda uban tafiya ke tashi da asuba, yara na tashi.

Akwai abin da har yau ba ya barin zuciyata. Wata shekara muka sauka wani gari, muka tarar da yaro kwance a zauren sarkin fawa, bai fi shekara 17 ba, muƙamuƙinsa a karye, fuska ta kumbura har ido ya rufe. Wata tawaga ce da ta riga mu ta sa shi da wanda ya girme shi nesa, da abin ya faru suka ce za su je su dawo, kwana tara ke nan ba labari. Uwargidan mai masaukin ke ɗura masa kunu da ƙaramin ludayi ta gefen baki. Aka tambaye shi sunan ubansa da garinsu, magana ba ta fita, su kuma mutanen garin laƙabinsa na fili kawai suka sani. A tasha suka tsince shi, ba wanda ya taɓa taka ƙofar gidansu. Sai da na ba shi takarda da biro, Allah ya sa ya yi allo, ya rubuta sunan ƙauyensu da ajami. Mu muka haɗa kuɗi aka kai shi asibiti a Sakkwato, aka aika wa mutanensa. Mahaifiyarsa ta zo tana cewa wata biyar ba ta san inda yake ba. Tun daga ranar uban tafiyarmu ya kafa doka, ba ya ɗaukar yaron da bai je gidansu ya gaisa da manyansa ba.

Ki kuma sani hanyar da na bi a da ba ita ce ta yau ba. Bayan shigowar shari'a a jihar nan a shekarar 2000 garuruwa da yawa sun hana wasan dare da cakuɗuwar maza da mata, kuma a ganina wannan ya tsabtace abubuwa da dama, caca da giya sun ja baya daga bakin fili. Abin da ya karya harkar daban ne. An rufe iyaka a Agustan 2019, ba a buɗe Illela ba sai Disambar 2020, a tsakani kuma korona ta hana taro. Sannan rashin tsaro. Gabashin Sakkwato, Rabah, Goronyo, Isa, Sabon Birni, nan ne da muke samun kaka mai albarka. A Oktoban 2021 'yan bindiga suka buɗe wuta a kasuwar Goronyo suka kashe mutane da dama, a shekarar ne kuma aka katse layukan waya a ƙananan hukumomi da yawa na jihar. Wajen Tangaza da Gudu ma, kusa da ku, kin fi ni sanin halin da ake ciki. Taron jama'a da yamma a bayan gari, da mota ɗauke da samari baƙi tana ratsa daji, yanzu abu ne da ke jawo ido ta kowane ɓangare, har 'yan banga na iya ɗaukar su a wasu mutanen daban. A farkon 2023 aka shiga ƙarancin takardar kuɗi, sana'ar da ke rayuwa da liƙi da kuɗin ƙofa ta tsaya cik, don ba wanda zai yi wa ɗan dambe tiransifa a tsakiyar fili. A ƙarshen Mayu na shekarar aka cire tallafin mai, kuɗin mota ya cinye abin da ake rabawa. Bayan juyin mulkin Nijar a Yuli aka sake rufe iyaka na tsawon watanni.

Saboda haka ƙananan tawagogi da yawa sun mutu. Manyan 'yan dambe sun koma gidajen dambe na dindindin a birane, Kano, Dei-Dei a Abuja, har Legas, inda ake ɗaukar wasa a sa a YouTube da Facebook, a ci babur, wani lokaci mota. Ina kyautata zaton ƙanenki ya ga wannan a waya tun kafin mutanen nan su zo garinku, zuwansu ne kawai ya hura wutar. A birni kuwa ba zauren sarkin fawa, ba dattijon da zai tashe shi da asuba, ba damina da za ta kore shi gida. Ni na fi jin tsoron wannan a kan zagayen ƙauye.

To, me za ki yi? Kada ki tsaya kan hani da faɗa kawai. Namiji mai shekara 18 da zuciyarsa ta riga ta tafi, idan aka rufe masa ƙofa katanga zai haura, ya tafi ba sallama, ya faɗa hannun duk wanda ya fara tsinta a tasha. Ki kira kawunku ko baffanku, namijin da yaron ke jin nauyinsa. Su je wurin sarkin fawan garinku, ko duk wanda ya sauki baƙin, don shi ya san ko su wane ne, daga ina suke, kuma shekara nawa suna sauka wurinsa. Idan ya ce bana ya fara ganinsu, magana ta ƙare. Idan ya ce tun zamanin mahaifinsa suke zuwa, sai a nemi uban tafiyar. Kawun ya je har garinsa, ya ga gidansa, ya ga iyalinsa, ya ga ko yana da gona. Ya tambaye shi garuruwan da zai bi bana, ɗaya bayan ɗaya, kuma idan akwai hanyar gabas ko dajin iyaka a ciki, a haƙura. Ya tambaye shi yaron da ya taɓa jin ciwo a hannunsa, me ya yi masa, sannan ya bincika a gari ko gaskiya ya faɗa. Mutumin kirki ba zai ji haushin waɗannan tambayoyi ba, zai ma ji daɗi an ɗauke shi da daraja. Wanda ya fara kumbura yana cewa shi ba a yi masa titsiye, a bar masa sana'arsa.

Idan yaron yana makaranta, boko ko allo, ya ƙarasa tukuna, fili ba ya gudu. Idan dambe yake so, ya fara gwadawa a nan gida lokacin kaka, gaban mutanen da suka san shi, ya sha naushi biyu ko uku a ga ko sha'awar tana nan. Da yawa a nan take fita. Idan ta zauna, kuma an samu hannun da aka yarda da shi, a ba shi rani guda na gwaji. Ya tafi da katinsa na ɗan ƙasa a jiki, da waya ko ƙarama ce, lambar uban tafiyar tana hannunki, lambar kawunsa tana hannun uban tafiyar. A yi maganar a zaure gaban shaidu, mahaifiyarku ta sa masa albarka da bakinta ko da tana kuka, kada ya fita da fushinta a kansa. A kuma yanke ranar dawowa tun kafin ya ɗauki jaka: ranar da aka yi ruwan shuka a garinku. Idan an kwana bakwai da ruwan bai iso ba, kawunsa ya shiga mota ya je ya taho da shi, kada a ce a jira Sallah.